Finafinan mafarki na ƙasar Finland: tambayoyin da ake yawan yi da amsoshinsu

Duk lokacin da aka kawo zancen finafinan gwaji na Finland masu kama da mafarki a cikin masu son kallo, tambayoyin kusan iri ɗaya ne suke dawowa, shi ya sa na tattara su wuri guda. Sunayen finafinan na bar su da yarensu na asali saboda da su ne za ku same su in kun tashi nema.

Wai wane irin fim ne ake ce wa na gwaji?

Fim ne da mai shi bai ɗaura wa kansa dokar nan ta sai an fara da gabatar da jarumi, a kawo matsala, a warware ta a ƙarshe kowa ya tashi ba. Wani minti huɗu ne kacal, wani ya haura awa ɗaya, wani ma ba a sinima ake nuna shi ba sai a gidan baje kolin zane-zane, a kan allo biyu ko uku lokaci guda. Abin da ya haɗa su shi ne mai fim ɗin yana gwada wata hanya ta daban da hoto da sauti, ya ga me za su iya yi wa mai kallo. Wannan ba Finland ce ta ƙirƙiro shi ba, tun 1929 Luis Buñuel da Salvador Dalí suka yi Un Chien Andalou a Faransa, a 1943 kuma Maya Deren ta yi nata a Amurka. Amma 'yan Finland suna da nasu salon, wanda ni a ganina ya fi natsuwa, ba hayaniya ba neman burgewa, abin mamaki zai faru a tsakiyar falo kuma ba wanda zai ɗaga murya.

To fassarar mafarki ake yi a ciki kenan?

A'a, kuma nan ne mutane da yawa suke ɓata. Mu in an ce mafarki abin da ke zuwa mana a rai shi ne a je wurin malam ko a buɗe littafin da ake jinginawa Ibn Sirin a duba me ganin maciji ko ruwa yake nufi. Su ba wannan ne ya dame su ba. A hadisi an kasa mafarki uku, akwai na bushara daga Allah, akwai na tsoratarwa daga shaiɗan, akwai kuma wanda zuciyar mutum ce ke yi masa zance da abin da ya kwana da shi. To na ukun nan shi ne filin da suke wasa a ciki. Tsoron da mutum ya danne, laifin da ya yi bai faɗa wa kowa ba, kewar wanda ya rasu, kishi, sha'awa, duk abin da ke can ƙasan zuciya wanda da rana mutum ke rufewa da aiki da hira, da dare kuma ya taso. Turawa sun fi danganta binciken wannan ɓangaren da Sigmund Freud, likitan Vienna da littafinsa kan mafarki ya fito da shekarar 1900 a jikinsa, kodayake ba dole ba ne ka yarda da Freud kafin ka ji daɗin finafinan, ni kaina akwai maganganunsa da yawa da ba su shige ni ba.

Babban bambancin shi ne a fim na yau da kullum in za a nuna mafarki sai hoto ya yi hazo, a yi mafarkin, jarumi ya farka a firgice, ka san an dawo duniya. Su waɗannan ba sa ba ka wannan alamar. Kana ciki kawai, yadda mai mafarki bai san mafarki yake ba.

Me ya sa Finland, ƙasar da mutanenta ba su kai miliyan 6 ba?

Amsar da kowa ke saurin bayarwa ita ce duhu. Gaskiya ne can ƙarshen arewacin ƙasar rana takan yi sama da mako bakwai ba ta fito ba a lokacin sanyi, da bazara kuma ta yi sama da wata biyu ba ta faɗi ba, ko a Helsinki babban birnin hasken rana a watan Disamba kusan awa shida ne kacal. Dole wannan ya taɓa barcin mutane da yanayinsu. Amma ni ban yarda duhu kaɗai ke yin fim ba, in da haka ne da kowace ƙasa mai sanyi ta cika da irinsu. Abin da ya fi tasiri shi ne suna da makarantun koyon zane da fim masu ƙarfi, suna da kuɗin tallafi da ba ya tambayar mutum nawa za su sayi tikiti, sannan suna da tsohuwar al'adar waƙoƙin baka da tatsuniyoyin bokaye da rikiɗa, wadda Elias Lönnrot ya tattara ya fitar da littafin Kalevala a 1835.

Wani abu da zai ba ku sha'awa, duk ranar 27 ga Yuli suna da bikin masu nauyin barci, a garin Naantali har ɗaukar wani sananne ake yi da sassafe a jefa shi cikin teku. Asalin ranar daga labarin samarin nan ne da suka yi dogon barci a kogo, waɗanda mu muka sani da Ashabul Kahfi.

Da wane fim ya kamata mutum ya fara?

Valkoinen peura na 1952, wato farar barewa, irin barewar nan ta ƙasashen ƙanƙara da ake kiwo kamar shanu. Erik Blomberg ne ya ba da umarni kuma shi ya riƙe kyamara, matarsa Mirjami Kuosmanen ta fito a jaruma, tare kuma suka rubuta labarin. Ba na gwaji ba ne tsantsa, yana da labari mai kai da gindi, shi ya sa nake cewa a fara da shi.

Pirita amarya ce a yankin Lapland da ke arewacin ƙasar, mijinta Aslak makiyayi ne da ke yin kwanaki a daji da garke, kaɗaici ya ishe ta sai ta tafi wurin boka neman asirin da zai sa namiji ya kasa kau da ido daga kanta. Boka ya ce ta yanka abu mai rai na farko da ta fara cin karo da shi ta kai wa gunkin dutse. Abin da ta ci karo da shi kuwa 'yar farar barewar da mijin ya ba ta ce. Daga nan ta fara rikiɗa ta koma farar barewa, mafarauta su bi ta har cikin kwazazzabo, can sai ta dawo mace ta hallaka su. Harsashi ba ya kama ta sai ƙarfe, mazan gari suka shiga ƙera masu, kuma mashin da ya same ta a ƙarshe daga hannun mijinta ya fito.

Labarin dai duk wanda ya tashi da tatsuniya ba zai zame masa baƙo ba. Abin da ya sa fim ɗin ya yi fice shi ne hoton. Fari ne fat ko'ina, ƙasa da sama sun haɗe ba ka ganin iyaka, mutum ya zama ɗan ɗigo baƙi yana tafiya, magana kaɗan ce sai kiɗan Einar Englund. Tsoron da aka saba ɓoyewa a duhu su a tsakiyar haske suka ajiye shi. Ya ci kyauta a bikin finafinai na Cannes na 1953 lokacin da Jean Cocteau ke shugabantar alƙalai, daga baya ya samu Golden Globe. Sai dai a sani, labari ne kan al'ummar Sami 'yan asalin yankin Lapland, amma waɗanda suka yi shi ba Sami ba ne, kuma ana sukar yadda ya nuna addininsu na gargajiya kamar abin tsoro kawai. Sukar tana kan hanya.

Wace ce Eija-Liisa Ahtila da ake ta ambato?

In mutum ɗaya za ku riƙe a duk shafin nan to ita ce. An haife ta a 1959 a garin Hämeenlinna, kuma tun shekarun 1990 take yin finafinai masu allo da yawa. A 2002 gidan Tate Modern na Landan ya yi baje kolin ayyukanta, a shekarar ce kuma ta nuna Talo, wato gida, a babban baje kolin Documenta da ake yi a Kassel ta Jamus.

Talo kusan minti 14 ne a kan allo uku. Kafin ta yi shi sai da ta zauna ta yi hira da matan da suka taɓa shiga halin taɓin hankali irin wanda mutum ke jin muryoyi da ganin abin da babu, daga abin da suka gaya mata ta rubuta labarin. Mace ce ita kaɗai ta tuƙo mota ta zo gidanta a bakin daji, ta ajiye motar a waje ta shiga, komai lafiya lau, tana ba mu labarin gidan ɗaki-ɗaki da murya a kwance. Sai ta ce ƙarar motar ta biyo ta ciki. Can sai ga motar 'yar ƙarama tana tafiya a jikin bangon falo. Saniyar da ke cikin talabijin ta fito ta ratsa ɗakin. Tana jin ƙarar jirgin ruwa daga wani wuri mai nisa kamar a kunnenta ake yi. Abin ya yi kama da barcin bayan asuba, lokacin da mai tallan koko ke kira a waje muryar ta shigo cikin mafarkinka ta zama wani abu daban, sai dai ita idonta biyu kuma ba farkawa. Akwai inda take shawagi a sama tsakanin dogayen bishiyoyi tana kama rassa da hannu, fuskarta ba tsoro ba murna. Daga ƙarshe ta ɗinka baƙaƙen labule ta rufe tagogi duka, don ta zauna a duhu inda sautin yake.

Wallahi wannan ne ya sa nake ganin finafinan nan ba wasan masu kuɗi ba ne kawai. Mun saba a fim in an kawo mai taɓin hankali to ko abin dariya ne da tsumma a jiki yara na binsa, ko abin tausayi da ake kallo daga nesa. Ahtila ba ta nuna miki matar daga waje, ta sa ki a cikin kanta, ki ji yadda bango ke daina zama bango, ki gane cewa rufe tagar nan da wani zai kira hauka ita a wurinta dabara ce ta neman sauƙi. Duk wanda ke da ɗan'uwa mai irin wannan lalurar a gida zai kalli minti 14 ɗin nan da wani ido daban. Ta haɗa wannan labarin da na wasu matan ta yi fim na allo ɗaya mai suna Rakkaus on aarre, shi ma a 2002.

Kafin shi akwai Lohdutusseremonia na 1999 da ya samu yabo a baje kolin Venice, kan miji da mata matasa masu jariri da aurensu ke mutuwa. A gaban mai ba su shawara magana ta ƙare musu sai suka koma yi wa juna haushi irin na karnuka, daga baya suna tafiya da abokai a kan teku da ya daskare ƙanƙarar ta fashe da su. Ba wanda zai ce maka ga inda gaske ta tsaya, amma duk wanda ya ga mutuwar aure a kusa ya san abin da ake nufi.

Allo uku lokaci guda, ina mutum zai kalla?

Inda idonka ya kai ka. Ba za ka iya ganin komai ba kuma da gangan aka yi hakan, kana kallon dama wani abu na wucewa a hagu, sauti na fitowa ta bayanka. Yawanci fim ɗin yana ta maimaita kansa ne a ɗakin, ka shigo a tsakiya ka zauna har ya zagayo.

Da gaske ne akwai fim da aka yi ba da kyamara ba?

Da gaske. Eino Ruutsalo, wanda matuƙin jirgin yaƙi ne a Yaƙin Duniya na Biyu kafin ya koma zane, shi ya buɗe wannan ƙofar a ƙasar. A Kineettisiä kuvia na 1962 zaren fim ɗin kansa ya kama yana kartawa yana shafa masa fenti, in aka haska sai launuka su yi ta tsalle.

Na kusa-kusan nan akwai Mika Taanila da Mannerlaatta na 2016, wanda aka nuna a bikin Berlin. Ya haura awa ɗaya kuma ba kyamara ko ɗaya, da injin fotokwafi da ɗora kayayyaki kai tsaye a kan zaren fim a ɗakin duhu aka yi shi. Mutum ne ya dawo daga Tokyo ya maƙale a otel kusa da filin jirgin Helsinki, barci ya ƙi zuwa, agogon jikinsa ya rikice, tsoron jirgi ya cika shi. Ba za ka ga fuskarsa ba sam, rubutu ne na marubucin waƙa Harry Salmenniemi ke bayyana a allo yana ɓacewa, ga sautin Mika Vainio yana ratsa ƙirji. Gaskiya yana da nauyi, kada a fara da shi.

Wanda ya fi taɓa ni a wannan layin shi ne Polte na Sami van Ingen, 2018. Akwai wani tsohon fim ɗin soyayya na Teuvo Tulio na 1937, Nuorena nukkunut, da aka ɗauka ya ƙone ƙurmus a gobarar 1959, sai a 2015 aka tsinci wani guntunsa a ma'ajiyar finafinai ta Paris, ya lalace ya narke wuri-wuri. Van Ingen bai gyara lalacewar ba, ita ya mayar abin kallo. Fuskar budurwa za ta fito sarai sai ta narke ta koma kamar hayaƙi ta sake haɗuwa, ka san akwai labari a wurin amma ya ƙi kamuwa.

Aki Kaurismäki fa, yana cikinsu?

Ba sosai ba. Shi ne daraktan ƙasar da duniya ta fi sani, fim ɗinsa kan mutumin da ya manta ko shi wane ne ya ci babbar kyautar alƙalai a Cannes a 2002, amma shi labarin leburori da marasa galihu yake bayarwa a miƙe. Wanda ya ɗan kusanci namu shi ne Calamari Union na 1985, inda tarin maza kusan duk sunansu Frank suke ƙoƙarin tsallakawa daga unguwar Kallio zuwa Eira a cikin Helsinki kamar masu ƙetare sahara, alhali tafiyar ba ta taka kara ta karya ba.

Ni fa ina son labari, akwai masu labari amma da ɗanɗanon mafarkin?

Akwai. Betoniyö na Pirjo Honkasalo, 2013, baƙi da fari ne, an ɗauko shi daga littafin Pirkko Saisio. Da mafarki ya buɗe, jirgin ƙasa ya faɗo daga gada cikin ruwa, yaro Simo ɗan shekara 14 yana ciki, kuma ko da ya farka garin bai daina kama da mafarkin ba, dare ɗaya ne yake yawo da yayansa da zai shiga gidan yari washegari, yayan yana ɗura masa munanan shawarwari. Sauna na 2008 kuma labarinsa a 1595 yake faruwa, bayan yaƙin Suwidin da Rasha, 'yan'uwa biyu cikin masu shata iyaka da alhakin wata yarinya ke bin su. Sai Pahanhautoja na Hanna Bergholm da aka fara nunawa a bikin finafinai na Sundance a 2022, yarinya Tinja da uwarta ta matsa mata sai ta zama zakara a wasan motsa jiki don ta riƙa nuna wa duniya a intanet cewa gidansu ba kamarsa. Yarinyar ta tsinci ƙwai ta ɓoye a ɗakinta, abin da ya ƙyanƙyashe kuwa duk fushin da ba ta isa ta nuna ba ne ya yi jiki. Iyaye masu ɗora wa yara buri ya kamata su gan shi, amma ba tare da yaran ba.

Suna taɓo Afirka kuwa?

Ahtila ta taɓo. Fim ɗinta Missä on missä? ya ɗauko wani abu da likitan ƙwaƙwalwa Frantz Fanon ya rubuta daga lokacin yaƙin 'yancin Aljeriya, yara biyu 'yan Aljeriya da suka kashe abokin wasansu Bafaranshe. A fim ɗin wata marubuciyar waƙa ce a Finland ta yau, jaruma Kati Outinen ta fito a matsayinta, abin da ya faru a Aljeriya shekaru da dama baya yake kutsowa cikin gidanta, har mutuwa ta zo mata a siffar mutum. Wani aikin nata na 2005 kan jimamin mutuwar karenta, a New York ya fara ya ƙare a Jamhuriyar Benin.

Za a iya kallo da iyali?

A tantance tukuna. Valkoinen peura da Talo ba su da matsala ta wannan fuskar in ban da tsoro. Amma Turawan arewa ba su ɗauki tsiraici yadda muka ɗauke shi ba, kuma wasu finafinan, misali M na Anna Eriksson da aka nuna a Venice a 2018, sun yi nisa ƙwarai, ni ba zan ba kowa shawararsa ba. A duba bayanin fim da shekarun da aka ƙayyade masa kafin a kunna.

Wa ke biyan kuɗin fim ɗin da ba zai yi kasuwa ba?

Akwai gidauniyar fim ta ƙasa da aka kafa a 1969, akwai AVEK tun 1987 mai tallafa wa gajerun finafinai da na gwaji, ga gidauniyoyi masu zaman kansu da ke ba mai fasaha kuɗin zama ya yi aiki. Gidan baje kolin zane-zane na Kiasma da aka buɗe a Helsinki a 1998 yana saye yana nunawa. Ba wai masu yin su suna cikin daula ba ne, da yawansu koyarwa suke haɗawa da ita, amma dai mutum zai iya shekara yana karta zaren fim ba tare da furodusa ya tsaya masa a ka yana tambayar ina waƙa ina rawa ba.

Na kalla ban gane komai ba, laifina ne?

Ba laifin kowa ba ne, tambayar ce kawai za a canza. Maimakon me wannan yake nufi, ka tambayi kanka me na ji a jikina, a ina gabana ya faɗi, wane hoto ne ya ƙi barina bayan an gama. A kashe fitila, a ajiye waya, a sa abin ji a kunne domin rabin aikin a sauti yake. Kuma ba duka ne masu kyau ba fa, akwai waɗanda ɗaure kai kawai suke yi ba komai a ciki, in ka ba fim dama sau biyu bai yi maka magana ba ka wuce gaba abinka.

A ina zan same su?

AV-arkki, cibiyar da ke rarraba irin waɗannan ayyukan tun 1989, tana da shafi a intanet mai bayanin masu fasaha da guntayen ayyukansu, nan ne wuri mafi sauƙi na ganin su Taanila da van Ingen da Salla Tykkä, wadda gajeren fim ɗinta Lasso na 2000 bai kai minti biyar ba. Valkoinen peura an gyara shi an sake fitar da shi da fassarar Turanci a ƙasan allo, haka su Pahanhautoja da Sauna ana samunsu a manhajojin kallo na kuɗi, sai dai a nemi sunan asali tare da sunan darakta. Ayyukan Ahtila masu allo da yawa sai a gidan baje koli, abin da ke intanet guntaye ne da wasu suka ɗauka, amma Rakkaus on aarre da yake allo ɗaya ne ya fi sauƙin samu. Wanda Allah ya kai shi ƙasar kuma, akwai bikin gajerun finafinai na Tampere a watan Maris, da na Sodankylä a watan Yuni wanda 'yan'uwan Kaurismäki suna cikin waɗanda suka kafa shi a 1986, inda ake haska fim dare da rana ba tsayawa.